Kuɗin wel muka biya, kefilin muka samu

Sau biyu muka hau jirgin mutanen nan a tsakanin mako huɗu. Da a ce bayan hawan farko na zauna rubuta wannan, da cewa zan yi kowa ya bar kuɗinsa a aljihu. A hawa na biyu jirgin bai canja ba, matuƙin shi ne dai, tekun ma ita ce. Abin da ya raba tafiyoyin biyu wani ɗan kifi ne mai suna kefilin, da tsawonsa bai wuce taƙi guda ba, wanda ko sunansa babu a tallan da suka sa a intanet.

Ƙaramin kamfani ne na iyali, cikin jerin masu ɗaukar baƙi daga Bay Bulls da ƙauyukan da ke kusa zuwa tsibiran Witless Bay, tafiyar kamar rabin awa a mota kudu da St. John's, babban birnin lardin Niyufanlan na Kanada. Ba zan kama suna ba, domin akwai ƙorafi a maganata, kuma abin da zan faɗa ya shafi kusan duk masu wannan sana'a a wurin. Abu biyu suke sayarwa. Na farko yawon kamar awa biyu a jirgin ruwa don ganin tsuntsayen teku da wel, ƙatuwar dabbar nan mai shayarwa da mutane kan ɗauka kifi ce. Na biyu, wanda ake ƙara kuɗi a kai, fita ce da yamma zuwa bakin teku, su ba ka homa da bokiti da dogon takalmin roba, ka kama kifi da hannunka, a gasa a wurin. Na biya duka biyun, ni da mai ɗakina da ɗiyarmu 'yar shekara takwas. Ba arha ba ne, kuma a sani cewa farashin da ke shafinsu ban da haraji; sai ka zo biya a ɗora kashi 15 cikin ɗari, kamar yadda ake yi wa kusan komai a lardin.

Mako na uku na watan Yuni muka fara zuwa. Hazo ya rufe tashar, da wani yayyafi mai shiga ƙashi. A birni rigar sanyi ɗaya ta ishe mu, amma jirgi na fita daga lungun tashar muka gane kurenmu. Ruwan da ke wannan gaɓa daga arewa yake gangarowa, ta gefen Labrador, shi ne ma ke jawo duwatsun ƙanƙara har kusa da gari, don haka iskar da ta shafo shi ba ta san wata bazara ba. Mun ga tsuntsaye a jikin tsibiri, ba laifi. Wel kuwa ko numfashinsa ba mu ji ba. Yarinyar ta yi amai sau biyu, ta kwanta a cinyar uwarta. Ita kuma uwar ta dube ni ta ƙarƙashin hular rigar ruwa ta ce, "Baban yara, wai me muka zo gani ne?" Ban da amsa. Muna sauka aka ce fitar yamma ma babu, kifin bai iso ba.

Babban ƙorafina yana nan. Matar da ta karɓi kuɗina ta waya ta san kifin bai iso ba, domin a wannan gaɓa babu wanda bai sani ba, hatta yara. Na tambaye ta ko lokacin ya yi, ta ce teku ba ta da alkawari. Gaskiya ne, amma rabin gaskiya. Matuƙin, wani dattijo mai jar fuska da ya yi su tun yana saurayi, shi ne ya fito mini a mutum yana ɗaure igiya. Ya ce mun yi sammako da kusan mako uku. Wel ba don mu yake zuwa ba, kefilin yake bi, in babu kefilin sai dai sa'a. Ya sa aka mayar mana da kuɗin fitar yamma, aka kuma ba mu takardar dawowa a rabin farashi. Wannan ya wanke su a wurina, amma da sun faɗa tun a waya da ba a kai ga wanki ba.

Kefilin ɗin nan, haka mutanen wurin ke furta sunansa, siriri ne, bayansa kore-kore mai duhu, cikinsa fari kamar azurfa. Yawanci ba ya wuce santimita 20. A ruwan sanyi na arewacin duniya yake rayuwa: gaɓar Niyufanlan da Labrador, kewayen Girinlan da Aisilan, Tekun Barents da ke saman Norway da Rasha, har da arewacin Tekun Fasifik. Yawancin rayuwarsa can nesa da gaɓa yake yi, cikin garke mai yawan da ba ya ƙirguwa, yana cin ƙananan halittun da ke yawo a ruwa, waɗansu ba su kai ƙwayar shinkafa ba amma cike suke da mai. Shi kuma kowa shi yake ci. Kifin kod, karen teku, wel, tsuntsaye, duk a kansa suke. Man da ke jikin waɗancan ƙananan halittu, ta cikin kefilin yake bi ya kai ga manya. Bai cika wuce shekara biyar a duniya ba, kuma sau ɗaya tak yawancinsu ke zuwa gaɓa, su hayayyafa, su mutu. Wannan zuwa guda shi ne kakar kowa a nan.

Bayan kunyar farko na koyi bin sawu. Akwai shafin intanet mai suna eCapelin inda mutane ke sa hoto da sunan bakin tekun da suka ga kifin ya fito, kuma gidajen rediyon gari ma na sanarwa. Da na ga an fara ambatarsa a wurare biyu zuwa uku, sai na kira na kama mana wuri. Tsakiyar Yuli ke nan.

Tun kafin mu bar tashar na san yau daban ce. Warin ruwan ma ya canja. Ba mu yi minti goma sha biyar ba matuƙin ya kira ni cikin ɗakinsa, ya nuna mini allon na'urar da ke aika amo ƙasan ruwa ta zana abin da ta taras. Ƙasan teku ja ne a allon, saman ruwa shuɗi, a tsakaninsu kuma wani dunƙulen gajimare mai kauri da ya cika rabin allon. Ya ƙwanƙwasa gilashin da yatsa, ya ce ga abin da muka biya kuɗi a kai. Bai rufe baki ba muka ji wani huci kamar an kwance tayar babbar mota, ga tururi ya tashi sama a hagunmu.

Wel mai doro ne, irin mai dogayen fukafukai farare. Babba kan kai mita 12 zuwa 16. Waɗannan da muke gani a ruwan ɗumi na Karebiyan suka yi hunturu, can suke haihuwa, kuma kusan ba sa cin komai a can. Da yunwar watanni suke tahowa arewa, kuma ɗaya na iya haɗiye kusan tan guda a rana. Mun ga biyar a wannan yini. Ɗaya ya taso daga ƙasa da baki a buɗe a tsakiyar garken, maƙogwaronsa ya kumbura kamar tanti, ƙananan kifaye na tsalle suna zubowa ta gefen bakinsa kamar an watsa tsabar kuɗi. Ɗiyata ta ƙanƙame hannuna har sai da farcenta ya bar shaida. Dokar Kanada ta hana jirgi kusantar wel ƙasa da mita 100, mita 200 in yana hutawa ko uwa ce da ɗanta, kuma dattijon nan ya kiyaye. Sai ya kashe inji ya bar mu muna lilo. Wel ɗin ne da kansa ya matso, ya bi ta ƙarƙashinmu, farin fiffikensa na haske a cikin koren ruwa. Wani baƙo ya yi ta roƙon a bi su a guje don ya samu hoto, matuƙin ya yi kamar bai ji ba. Na ba shi maki a kan wannan.

Tsibiran guda huɗu ne, Gull da Green da Great da Pee Pee, kuma gandun tsuntsaye ne da gwamnatin lardin ta killace, ba a sauka. A nan ne fafin, ɗan tsuntsun nan mai baki kala-kala wanda shi ne tambarin lardin a tsuntsaye, ya fi taruwa a duk Arewacin Amurka: sama da ma'aurata 260,000. A Yuni mun gan su a tsaye bakin ramukansu kamar masu jiran mota. A Yuli kuwa sama ta cika da su, kowanne na dawowa daga teku da kifi a rataye a baki, wani biyu, wani biyar, kawuna da wutsiyoyi na reto. Yarinyar ta tambaya yaya yake kama na biyu na farko bai faɗi ba. Matashiyar da ke jagorar baƙi ta tsuguna ta nuna mata da yatsu: a dasashin sama akwai 'yan ƙayoyi masu kallon baya, tsuntsun na danne kifin da harshe a jikinsu, ya sake buɗe baki ya kamo wani. Ƙwai ɗaya tak fafin ke sakawa a shekara, a cikin rami, kuma ƙyanƙyasarsa na dacewa da isowar kefilin. In kifin ya makara ko ya yi ƙaranci, ɗan tsakon ne ke biya. A jikin duwatsun kuma ga wani baƙin tsuntsu mai farin ciki, na launi nake nufi ba na murna ba, sun jeru kafaɗa da kafaɗa dubbai, suna nutsewa can ƙasa su fito da kifi ɗaya a tsaye cikin baki. Warin kashinsu kan iso jirgi kafin kukansu. Wanda ke da saurin tashin zuciya ya koma bayan jirgi a nan.

Ƙorafi na biyu: lasifika. Wannan jagorar ta san aikinta, ta karanci halittun teku, in ka tambaye ta a gefe sai ta ba ka amsar da za ka tafi gida da ita. Amma an ɗora mata wani tsari na waƙe-waƙen masunta da barkwanci da aka haddace, ana kwararawa ta lasifika mai tsatsa tun daga tashi har dawowa. Ana cikin jin numfashin wel, wanda shi ne abin da ba za ka ji a wani wuri ba, sai a fasa da waƙa a ce kowa ya tafa. Wasu baƙin sun ji daɗi, ban hana su ba. Ni dai da an ba ni minti goma na shiru a gaban tsibirin da na fi gode musu. Banɗakin jirgin ɗaya ne, ƙarami, kuma kafin a juyo ya riga ya fita hayyacinsa. Rigunan ceto na yara sun wadatar kuma masu kyau ne, an ɗaura wa tamu tun kafin ta taka jirgi. Bargo kuwa guda nawa ne, wanda ya riga ya riga.

Fitar yamma ita ce ta biya ni kuɗina har da riba.

Ba wuri ɗaya suke kai mutane ba, duk inda kifin ya fito ranar nan ake nufa. Mu Middle Cove aka kai mu, wani lungun teku mai tsakuwa a arewa da St. John's, wanda ya yi suna a wannan harka. Tun daga kan tudu motoci sun cika gefen hanya, sai da muka taka mai nisa. A ƙasa kuwa gari guda ne ya sauko: tsofaffi a kujerun ninkewa, yara da bokitan wasa, ɗalibai 'yan ƙasashe daban-daban, wuta na ci nan da can a kan duwatsu. Rana ba ta faɗuwa sai wajen ƙarfe tara a wannan lokaci, ga hazo na shigowa yana fita. Irin wannan yanayi na hazo da yayyafi da iskar gabas, mutanen wurin sunan kifin suka laƙaba masa, sukan ce yanayin kefilin ne.

Da farko ban ga komai ba sai wani baƙin zane a ruwa, 'yan taku daga gaɓa, kamar inuwar gajimare. Sai na lura inuwar na tafiya, tana lanƙwasa, tana dawowa. Ɗan matuƙin, wanda shi ke jagorar yamma, ya ce mazan ne, su ke riga zuwa su yi ta sintiri suna jiran mata. Can sai wata igiyar ruwa ta ɗago, ta yi baƙi daga ciki, ta fashe a kan tsakuwa, kuma abin da ta zubar ba kumfa ba ne. Kifi ne, dubbai, suna birgima suna kaɗa wutsiya, ƙarar jikinsu a kan tsakuwa kamar ruwan sama a kan rufin kwano. Igiyar ta ja baya da wasu, ta bar wasu, ta biyu ta zo ta ƙara. Abin da ake nufi ke nan in an ce kefilin na birgima.

Yaron ya tsoma hannu ya ɗago biyu, ya shimfiɗa su a tafinsa don mu gani. Macen sumul take, cikinta a kumbure, da ɗan ja-ja a gefe. Namijin ya fi ta girma da duhu, fukafukansa manya, kuma a kowane gefen jikinsa akwai wani tudu da ya taso tun daga kai har wutsiya. Ya ce in shafa. Laushi ne da shi kamar gashin bargo. Ɓawon jikin ne ke tsawo ya yi kamar gashi in lokacin haihuwa ya zo, kuma daga nan sunansa na kimiyya ya fito, Mallotus villosus, kalmomin biyu duk gashi suke nufi. Mutanen Aisilan ma loðna suke ce masa, wato mai gashi. Da wannan tudu da manyan fukafukan namiji ke manne wa mace, wani lokaci maza biyu su sa ta a tsakiya, su hau igiyar ruwa tare har kan tsakuwa, su tona da wutsiya, ta zuba ƙwai su zuba nasu ruwan, duk a cikin 'yan daƙiƙu. Macen in ta yi sa'a igiya ta gaba ta mayar da ita, wasu ma kan rayu su sake dawowa wata shekara. Namijin kuwa komawa yake ya sake, ya kuma sake, tsakuwa na gurje shi, har ƙarfinsa ya ƙare. Gawarwakin da suka yi layi a bakin ruwa kusan duk maza ne.

Sai ya ce in sunsuna. Na yi tsammanin ƙarni, sai na ji ƙamshin kokwamba da aka yanka yanzu. Mai ɗakina ta ce ƙarya ne, ta karɓa ta sunsuna, ta yi shiru. Haka dangin wannan kifi suke in suna sabo.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a ƙarƙashin ƙafata yake. Na ji tsakuwar na lotsawa kamar katifa, na ɗauka yashi ne. Na duƙa na ɗebo, ashe kowane ɗan dutse a lulluɓe yake da ƙwai, ƙanana kamar kan allura, kimanin milimita ɗaya, masu ruwan ɗorawa-ɗorawa, sun manne kamar an shafa gam. Mace ɗaya na zuba dubbai. Don haka ne ma kifin ke zaɓen irin tsakuwar da zai hau: in ta yi girma ƙwan ba ya samun mafaka, in ta yi laushi iska ba ta ratsa shi. Ruwan ma sai ya kasance tsakanin digiri 6 zuwa 10 ko kusa da haka. In gaɓa ta yi ɗumi da yawa sai su koma zubawa a ƙasan teku, inda ba mai ganinsu. A cikin mako biyu zuwa uku ƙwan ke ƙyanƙyashewa, gwargwadon ɗumin wurin, amma 'ya'yan ba sa fita nan take. Suna maƙale a cikin tsakuwa sai iska ta juyo daga teku zuwa tudu. Wasu masana biyu, Kenneth Frank da William Leggett, su suka bi diddigin wannan a gaɓar Niyufanlan a farkon shekarun 1980: irin wannan iska na turo ruwan sama-sama mai ɗumi da abinci zuwa gaɓa, ta kuma kore masu cin jariran, to a lokacin suke fitowa. In iskar ta daɗe ba ta juyo ba, guzurin da ke cikinsu ya ƙare, su mutu a inda suke. Wato hazon da ya ɓata mana tafiyar farko, irin iskarsa ce ke raya kifin.

Kamun ba ya buƙatar gwaninta. Ka shiga ruwa zuwa gwiwa, ka jira igiya, ka zura homa. Zurawa biyu ɗiyata ta cika rabin bokiti, tana ihu, "Baba, suna taɓa mini ƙafa!" Takalman da aka ba mu sun yi, sai dai nawa na hagu na yoyo, kuma a ruwan da bai kai digiri goma ba ƙafa kan daina jin kanta cikin minti biyar. A duba takalmi kafin a bar mota. 'Yan gari da suka iya birgi suke jefawa, da dalmar gefensa a haƙora, su juya su watsa ya buɗe kamar laima. Jagoranmu ya hana mu cika bokiti fiye da abin da za mu ci, ya kuma ce mazan za mu ɗiba mu bar mata. Ba doka ba ce, in ji shi, ra'ayin gidansu ne.

A kan waya aka gasa su bisa garwashin itacen da teku ta turo, da gishiri kawai, ba a fasa ciki ba. Naman fari ne mai laushi, da ɗan mai, ƙayar kuma ba ta da ƙarfi, da ita ake ci, kai ne kawai wasu ke cirewa. Na ci goma sha wani abu ban sani ba. Ya kuma fito da na bara, wanda aka jiƙa a ruwan gishiri aka shanya ya bushe, ya ɗan gasa ya miƙo. Wannan gishirinsa ya yi mini yawa, mai ɗakina kuwa shi ta fi so. Ya ce a zamanin kakansa da amalanke ake kwasar kifin nan a zuba a gonar dankalin Turawa a matsayin taki, a ciyar da karnuka, a kuma sa a ƙugiya don kamun kod. Shayin da suka kawo a fulas ya huce kafin a zuba, burodin kuwa na gida ne mai kyau.

A bakin wutar ne dattijon, wanda ya biyo mu daga baya, ya yi maganar da ta sa na fahimci dalilin da matar waya ta kasa ba ni rana. Ya ce da can a Yuni kifin ke zuwa, kusan ka sa agogo. Daga 1991 komai ya rikice. A wannan shekara, wadda ruwan yankin ya yi sanyin da aka daɗe ba a gani ba, kefilin ya rushe daga miliyoyin tan zuwa ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, kuma har yau bai koma yadda yake ba. Wanda ya rage ya ƙanƙance, yana balaga da wuri, yana kuma isowa a makare da makonni. Shekara guda bayan haka, ranar 2 ga Yulin 1992, ministan kamun kifi na lokacin, John Crosbie, ya sanar da rufe kamun kod na arewa, mutum wajen 30,000 suka rasa sana'a. Shi ma yana ciki, da haka jirgin su ya koma jirgin baƙi. Kowa na maganar kod, in ji shi, amma kod ba zai dawo da ƙiba ba in babu abin da zai ci.

A kan dalili kuwa ba su daidaita ba ko a cikin gidan. 'Yar jagorar jirgi, da na tambaye ta tun da rana, ta fi ɗora abin a kan sauyin ruwa da lokacin narkewar ƙanƙara, wanda ke tsara lokacin da abincin kefilin ke yawaita. Dattijon bai musa ba, amma abin da ke ci masa rai shi ne har yanzu ana kamun kasuwa, kuma mata masu ƙwai ake nema tun kafin su zuba, domin ƙwan ne ke da tsada a kasuwannin Asiya. Shi ne ɗan ƙwan nan da ake rinawa ruwan lemo a yaɓa a jikin sushi, wani abincin Japanawa, ƙwan da suke kira masago. Ni baƙo ne, ba ni da bakin raba wannan gardama, amma na tsaya a kan ƙwan da ƙafata, kuma na fi karkata ga dattijon. Ba a nan kaɗai kifin ke hawa da sauka ba. A Tekun Barents ya rushe a tsakiyar shekarun 1980, tsuntsayen teku suka mutu da yawa, kod ya rame, karnukan teku masu yunwa suka kwararo gaɓar Norway suna faɗawa tarun masunta. Ya farfaɗo, ya sake faɗuwa a shekarun 1990, ya kuma sake a farkon 2000. Aisilan ma ta rufe kamunsa gaba ɗaya a 2019 da 2020. Can dai ba a ganin birgimar, domin a ƙasan teku yake zuba ƙwai a ƙarshen hunturu.

To, a je ko kar a je? A je, amma kar a kama wuri watanni kafin lokaci don kawai an ga hoton wel. A jira labarin kifin, in ya fito a kira, a kuma tambaya kai tsaye ko an ga kefilin a wannan makon. In aka fara kewaye-kewaye, a ajiye waya a sake kira bayan kwana uku. Wanda ya zo daga nesa da kwanaki ƙidayayyu, tsakiyar Yuli ta fi Yuni, ko da yake ita ma ba rantsuwa ba ce. A sa tufafi kamar za a shiga hunturu, da hula da safar hannu, a sha maganin jiri awa guda kafin hawa, a zauna a waje ana kallon nesa. Wanda kuɗinsa ba zai kai duka biyun ba, ya sani bakin teku kyauta ne, kowa na iya zuwa da bokitinsa. Abin da kake saye a fitar yamma shi ne takalmi da homa da wuta, da mutumin da zai ɗora maka kifi biyu a tafi ya ce shafa nan. A wurina wannan ya ci kuɗinsa. Jirgin kuma, a makon da ya dace, ban san abin da zan kwatanta shi da shi ba; a makon da bai dace ba, sanyi ne da waƙa.

Mun koma gida da kifi kamar talatin a leda. Kwana uku motar na warin teku. Da safe na samu yarinyar a bakin ƙofa da takalminta a hannu, tana ƙirga ƙwan da suka manne a igiyarsa, wai sai mun mayar da su Middle Cove kafin iska ta juyo. Mun mayar.